Ina Karin Harshe Ya Ɓuya a Waƙoƙin Kanada?

Tambaya: Malam, ina aji uku a sashen Turanci, bana an ba mu kwas kan adabin ƙasashen da Ingila ta rena. Da na karanta waƙoƙin Kanada na farko-farko sai na ji kamar Baturen Landan ne ya rubuta su. Wani abokina kuma ya ce ai Kanada ba ta da karin harshe, Turancin Amurka kawai suke yi. Haka ne? In suna da shi, me ya hana shi fitowa a waƙa?

Amsa: Kunnenka bai yaudare ka ba. Shi kuwa abokinka rabin gaskiya ya faɗa, kuma rabin da ya bari shi ne mai daɗin.

Bari mu fara da inda ya yi daidai. In ka ɗauki ɗan boko haifaffen Toronto ka zaunar da shi kusa da haifaffen Vancouver, garuruwa biyu da ke da tazarar fiye da kilomita 3,000, da wuya ka raba su da jin magana kawai. A Ingila kuwa tafiyar awa guda a mota ta isa lafazi ya juye. Dalilin yana cikin tarihi. Da aka gama yaƙin neman 'yancin Amurka a 1783, dubban mutanen da suka goyi bayan Sarkin Ingila suka tattara komatsansu suka yi hijira arewa. Wasu suka sauka a Nova Scotia, yawansu ya sa aka yanka lardin New Brunswick a 1784, wasu kuma suka nausa yankin da ya zama Ontario. Da bakin Amurka na wancan zamani suka zo. Daga baya baƙi sun yi ta kwararowa daga Ingila da Sikotilan da Ailan, har suka fi su yawa, amma yaro ba ya ɗaukar lafazin uwarsa in ya fita waje, na abokan wasansa yake ɗauka. Da aka gama shimfiɗa layin dogo zuwa gaɓar yamma a 1885, mutanen Ontario ne suka bi shi suka zama malaman makaranta da limaman coci da ma'aikatan banki a sababbin garuruwa. Iri ɗaya aka shuka tun daga tsakiyar ƙasar har bakin tekun yamma.

Duk da haka ba Turancin Amurka ba ne tsintsa. Ga abin da za ka gwada da bakinka. Furta tagwan wasalin da ke cikin kalmar loud, za ka ji ka wangame baki kamar mai cewa "lau". Bakanade ma haka yake yi. Amma in ya zo kan kalmar lout ko about ko house, inda baƙin da ke biye maras ziza ne, ba ya buɗe bakin sosai, harshe yakan fara daga sama kaɗan. Haka tsakanin ride da write. Masanin harshe J. K. Chambers na Jami'ar Toronto ya raɗa wa wannan ɗabi'a suna a 1973, kuma ita ce Amurkawa ke kwaikwaya in za su tsokani maƙwabtansu, ko da yake sukan zuzuta ta fiye da yadda take. Sai kuma kalmomi na gida. Hular sanyi ta ulu sunanta toque, daga Faransanci. A British Columbia in abu ya yi ƙarfi da nagarta sai a ce skookum, kalmar da ta fito daga harshen cinikayya na 'yan asalin gaɓar yamma. Irin waɗannan aka tattara a ƙamusun kalmomin Kanada da ya fito a 1967 ƙarƙashin jagorancin Walter Avis, shekarar da ƙasar ta cika ɗari.

To me ya sa ba ka ji ko ɗaya a waƙoƙin farko ba? Kunya ce, kuma koya musu ita aka yi. Karo na farko da aka san an ambaci "Turancin Kanada" da wannan suna, a 1857 ne, a wata lacca da wani limamin coci mai suna A. Constable Geikie ya yi, kuma ba yabo ya zo yi ba, gurɓataccen kari ya kira shi. Wato da zagi aka yi wa harshen suna. Masu hali suka riƙa tanƙwasa harshe zuwa lafazin Ingila don a san su 'yan gidan wane ne, ɗabi'ar da ta kai har tsakiyar ƙarni na 20.

A cikin wannan yanayi aka haifi mawaƙan da ake jingina wa haɗewar ƙasar ta 1867: Charles G. D. Roberts a 1860, Bliss Carman da Archibald Lampman a 1861, Duncan Campbell Scott a 1862. Kada ka raina su. Su ne suka fara kallon ƙasarsu da ido biyu, fadamun gishiri na Tantramar, zafin bazarar Ottawa, kwaɗi da dusar ƙanƙara. Amma da idon gida suka gani, suka faɗa da bakin aro, bakin Keats da Tennyson. Lampman ma'aikacin gidan waya ne a Ottawa, ya rasu a 1899 bai cika arba'in ba. Littafinsa na farko na 1888 sunansa Among the Millet, wato "cikin gero", kuma duk shekarar da na faɗa wa ɗalibai haka sai an yi dariya, wani ya tambaya ko ya taɓa shan fura. Za ka karance littafin ba ka ji muryar manomin da ya shuka geron ba.

Karin harshe ya shiga waƙa a wancan zamani, sai dai ta ƙofar baya ya shiga, kuma a bakin wani. William Henry Drummond likita ne a Montreal, haifaffen Ailan. A 1897 ya fitar da The Habitant, waƙoƙin da ya sa manoman Quebec masu jin Faransanci suna ba da labari da gurguwar Turanci, ana mai da th ya koma d, ana jefa kalmar Faransanci nan da can. Littafin ya yi kasuwa ƙwarai, ana haddace shi a makarantu, ana rera shi a wuraren liyafa. Drummond da ƙauna ya yi, kuma babban mawaƙin Faransanci na Quebec, Louis Fréchette, shi ya rubuta masa gabatarwa. Amma ka duba abin da kyau. Manomin nan in yana gidansa da matarsa ba gurguwar Turanci yake yi ba, lafiyayyen Faransanci yake yi. Harshen da ke cikin littafin shi ne wanda yake yi in ya tsaya gaban Bature yana neman a fahimce shi. Ka san yadda ake kwaikwayon Hausar Bagwari ko ta Bafillatani a wasan kwaikwayo, mai yi ya ce raha ce, wanda ake yi da shi ya yi murmushi ya haɗiye. Wannan shi ne matsayin Drummond a yau, ana karanta shi don tarihi, ba a cika rera shi ba.

Yanzu mu je inda maganar abokinka ta rushe gaba ɗaya, wato gabas. A Cape Breton akwai Turancin da harshen Gaelic na mutanen Sikotilan ya rina. A Lunenburg akwai wanda ya ɗauko gishirin Jamusanci daga baƙin da suka sauka a 1753. A kwarin Ottawa akwai mai ƙamshin Ailan. Amma uban tafiyar shi ne tsibirin Newfoundland, kuma a nan zan daɗe.

Newfoundland ba ta shiga Kanada ba sai 1949, bayan ƙuri'ar raba gardama ta 1948 da aka ci da ƙyar, kashi 52 cikin ɗari. Har yau agogonta ya sha bamban da na maƙwabtanta da rabin awa. Mutanen da suka zaune ta ba 'yan hijirar Amurka ba ne. Masunta ne daga wurare biyu ƙanana: kudu maso yammacin Ingila, irin su Devon da Dorset, da kuma kudu maso gabashin Ailan, kewayen Waterford da Wexford. Kifin da ake kira cod ya kawo su, har mutanen Ailan suka sa wa tsibirin suna "ƙasar kifi" da harshensu. Suka bazu a ɗaruruwan ƙauyukan bakin teku, kowanne a lungun dutsensa, babu hanyar mota, sai dai jirgin ruwa in ƙanƙara ta bari. Ƙauye ɗaya 'yan Katolika ne masu bakin Ailan, na gaba da shi 'yan Furotesta ne masu bakin Dorset. Shekaru ɗari biyu zuwa uku a haka. Harshen da aka rufe a tulu irin wannan ba ya bin na waje.

Saurari yadda yake. Mutumin ƙauyen da asalinsa Ingila ne zai ce I knows, we goes, ya liƙa s a kan kowane mai aiki, ba a kan mutum na uku kaɗai ba. Zai yar da h inda take, ya sa ta inda babu. Abin da zai ba Bahaushe sha'awa shi ne jinsi: shebur ko hula "shi" ne, jirgin ruwa ko mota "ita" ce, abin da ba ya ƙirguwa kamar ruwan sama ne kaɗai ke karɓar it. Malamin makaranta zai ce kuskure ne, alhali ƙa'ida ce tsararriya da aka gada daga Dorset. Shi kuwa mai asalin Ailan zai ce I'm after losing the hook. Baƙo zai zaci mutumin yana neman ya ɓatar da ƙugiya ne, nan kuwa cewa yake ya riga ya ɓatar da ita. Ginin jimlar na harshen Ailan ne, kalmomin kawai aka sauya. In suna neman inda kake sai su ce where you to, kuma kowa b'y ne, yaro da tsoho.

Sai kalmomin sana'a, waɗanda su ne dukiyar mawaƙi. Rumfar itace da ake shanya kifi bayan an tsaga shi an barbaɗe da gishiri sunanta flake. In hadari ya taso, mata da yara su ruga su kwashe kifin, abin da hannu biyu suka runguma a tafi ɗaya shi ne yaffle. Siririn mashigin ruwa tsakanin tsibirai biyu tickle ne. Ƙanƙarar da feshin igiyar ruwa ke daskarwa a bakin gaɓa kamar geza ita ce ballicatter, wadda ta yi kauri kamar kunu a kan teku kuma slob. Ranar da ta yi ɗumi da laima da hazo mauzy ce. Duckish kuwa shi ne almuru, lokacin da ba ka rabe fuskar mai tahowa. Daidaitaccen Turanci yana buƙatar jimla guda don ya faɗi abin da kowace ɗaya ta faɗa.

Ka ga wannan arziki, sai ka ɗauka babban mawaƙin da tsibirin ya haifa zai yi wanka da shi. E. J. Pratt an haife shi a Western Bay a 1882, ɗan limamin cocin Methodist, ya tashi yana bin mahaifinsa gidajen da za a kai labarin cewa teku ta ci maigida. Ya tafi Toronto karatu, ya zauna yana koyarwa a Kwalejin Victoria har ya yi ritaya. Littafinsa Newfoundland Verse ya fito a 1923, doguwar waƙarsa kan nutsewar Titanic a 1935, ya ci babbar lambar adabi ta Gwamna Janar sau uku. Teku tana cikin waƙarsa, tsoronta da girmanta, babu wanda ya kai shi a nan. Amma in ban da 'yan wuraren da ya bar masunta suka yi magana, da daidaitaccen Turanci ya yi aikinsa. Ban ga laifinsa sosai ba. Mai buga littafi yana Toronto, mai saye yana Toronto, kuma a lokacin bakin Newfoundland abin ba'a ne a can.

Harshen bai rasa waƙa ba, littafin adabi ne ya rasa shi. Yana cikin waƙoƙin baka da ake rerawa a madafa da daddare da kan jiragen farautar dabbar teku. Wani ɗan kasuwa a St. John's, Gerald S. Doyle, mai sayar da magunguna da man hantar kifi, ya fara buga ɗan littafin irin waɗannan waƙoƙi a 1927 yana rabawa kyauta, tallar maganinsa a tsakanin shafuka. Ta hannun mai tallar magani waƙoƙin suka shiga kowane gida, ba ta hannun jami'a ba. A nan ne nake jin bambancinsu da mu. A Hausa, ko da aka gina daidaitaccen rubutu a kan Kananci, ba wanda ya taɓa cewa makaɗin Zamfara ko sha'irin Sakkwato ya gyara bakinsa kafin ya yi waƙa. Sakkwatanci ma kwarjini yake ƙara wa baiti. Su kuwa sai da suka yi gwagwarmaya kafin su kai nan.

Juyin ya zo bayan yaƙin duniya na biyu. A Montreal, tun shekarun 1920, su F. R. Scott da A. J. M. Smith sun yi wa tsohon salon ba'a, amma abin da suka kawo sabon aro ne daga Eliot da Yeats. An kafa hukumar tallafa wa fasaha ta ƙasa a 1957, ƙananan maɗaba'u suka yawaita, sannan aka sami Al Purdy. Bai gama sakandare ba, ya yi yawo a taragon kaya lokacin matsin tattalin arziki, ya yi aiki a masana'antar katifa. Ya shekara da shekaru yana rubuta waƙoƙin kwaikwayo marasa armashi, sai da ya haura arba'in ya sami muryarsa, kuma The Cariboo Horses na 1965 ya ci lambar Gwamna Janar. Ba karin wani yanki ya rubuta ba a zahiri. Numfashin hirar mutumin karkarar Ontario ya kama, yadda yake fara zance ya kauce, ya yi wa kansa dariya, ya dawo, sai kwatsam ya faɗi abin da zai sa ka yi shiru. Daga shi ne aka yarda cewa yadda Bakanade ke magana ya isa ya ɗauki waƙa.

Da ƙofa ta buɗe, waɗanda aka fi daɗewa ana toshe wa baki suka shigo. Cikin 'yan hijirar 1783 akwai baƙaƙen fata kusan 3,000 da aka yi wa alkawarin 'yanci da gona a Nova Scotia. Alkawarin gona bai cika yadda aka faɗa ba, kusan 1,200 suka haye teku a 1792 suka kafa Freetown a Saliyo. Waɗanda suka rage suka riƙe nasu Turancin a ƙauyukansu da cocinsu. George Elliott Clarke, haifaffen 1960, daga al'ummar baƙaƙen fatar lardin ya fito, shi ya ƙirƙiro musu sunan Africadian, kuma a Whylah Falls na 1990 ya haɗa bakin ƙauye da salon wa'azin coci da tsarin waƙar Turai a shafi ɗaya ba tare da neman afuwar kowa ba.

Na 'yan asalin ƙasa ya fi ciwo. Duncan Campbell Scott ɗin nan da na ambata, mai waƙoƙin tausayin Indiyawan daji da yake ganin suna ƙarewa, shi ne babban jami'in ma'aikatar harkokinsu daga 1913 zuwa 1932, kuma a zamaninsa, a 1920, aka gyara doka aka tilasta kai 'ya'yansu makaranta, da yawa a makarantun kwana inda ake hukunta yaro in ya yi harshen uwarsa. Rita Joe, 'yar ƙabilar Mi'kmaq daga Cape Breton, ta zauna a irin wannan makaranta a Shubenacadie. Shahararriyar waƙarta sunanta I Lost My Talk. Lura da kalmar ƙarshe. Ba ta ce language ba, kalmar makaranta. Ta ɗauki ƙaramar kalmar gida, magana, ta nuna da ita abin da aka ƙwace. Louise Halfe kuma, 'yar ƙabilar Cree, a littafinta na 1994 ta rubuta wasiƙu zuwa ga Fafaroma da Turancin da tsofaffin Cree ke yi, tana rubuta kalmomin yadda suke fita a bakinsu, th ya koma d, daidai dabarar Drummond. In malaminku ya ba ku zaɓin jinga, ka ajiye waɗannan biyun gefe da gefe. A kan takarda kusan abu ɗaya ne. Amma Drummond bakin wani ya ara don masu sauraro su ji daɗi, ita kuwa bakin kakarta ne, kuma dariyar da ke ciki ba a kan mai maganar take faɗawa ba, a kan wanda aka aika wa wasiƙar take faɗawa. A 2021 aka naɗa ta mawaƙiyar majalisar dokokin Kanada, a Ottawa, garin da Duncan Campbell Scott ya yi zaman ofis.

Mu koma tsibirin Newfoundland. Tsakanin 1954 da 1975 gwamnati ta tashi ƙauyuka kusan 300 ta mai da mutanensu manyan garuruwa, wasu har gidajensu na katako suka ɗora a kan ruwa suka ja da kwale-kwale. Malamai uku a Jami'ar Memorial, George Story da William Kirwin da John Widdowson, suka shafe fiye da shekara ashirin suna tattara kalmomi daga tsofaffin takardu da faya-fayen hirar da aka naɗa da dattawa. Ƙamusun Turancin Newfoundland ya fito a 1982. Aikin yana tuna mini da ƙamusun Hausa na Bargery na 1934, wanda yakan nuna maka cewa wannan kalma ta Katsina ce, waccan ta Sakkwato. Bambancin na Newfoundland shi ne kusan kowace kalma tana tafe da jimlar da wani ya faɗe ta a ciki, har ka ji kamar mutumin yana tsaye a bakin rumfar kifinsa. Shekara goma bayan fitowarsa, a Yulin 1992, gwamnatin tarayya ta hana kamun cod saboda kifin ya kusa ƙarewa, mutum kusan 30,000 suka rasa sana'a. Matasa suka yi ta tafiya Alberta aikin mai. Wanda bai taɓa rungumar busasshen kifi ba, me zai yi da kalmar yaffle?

A wannan gaɓa mawaƙa suka karɓa. Michael Crummey ya gina Hard Light na 1998 a kan labaran kamun kifi da ya ji daga mahaifinsa. Mary Dalton, malama a jami'ar ta Memorial a lokacin, ta fitar da Merrybegot a 2003, gajerun waƙoƙi ne da kowace murya ce ta wani ko wata a ƙauye, mai gulma, mai habaici, mai kuka da miji, da yawansu daga jimlolin cikin ƙamusun suka tsiro. Ba ta sa wani mai daidaitaccen Turanci ya tsaya a gefe yana yi wa mai karatu tafinta ba, in ba ka gane ba ka nemi ƙamus, yana nan kyauta a intanet. Sunan littafin kansa kalmar tsibirin ce ta ɗan da aka haifa ba aure. A 2005 ya ci lambar waƙa ta lardin, wadda ke ɗauke da sunan E. J. Pratt.